Tubalin da Muka Taka Ni da Shi

Juma'a, 24 ga Rabi'u Sani, 1330

Bismillahi. Jiya da la'asar na shigo Kano ta Ƙofar Dawanau, ƙafata duk a kumbure. Garba ɗan ƙauyenmu, wanda yake dako a kasuwa, shi ya ba ni gefen tabarma a wani zaure a Madabo. Shi ne kuma ya ba ni takardun nan na naɗe sukari, ya ce tunda na taɓa allo in riƙa shafa musu tawada ko na daina zama kamar an dasa ni. Karatuna bai yi nisa ba. Rubutun ga shi nan a karkace, ba mai gani sai ni.

Abin da ya kawo ni. Ƙanwata Murja ta haihu, namiji. Ranar suna Audu mai jakai ya zo barka, yana tsakiyar cin tuwo ya ce ai ya ga ubanmu a birni yana sayar da ruwa. Ubanmu da ya bi masu yin hijira gabas shekarar da Nasara suka shigo, wanda muka yi wa sadakar mutuwa tun tuni. Kafin magariba nonon Murja ya yi ɗaci. Gwaggo Uwani ta ɗiga a harshe ta tofar, ta ce kamar maɗaci. Yaron ya kama ya saki, ya kama ya saki, sai kuka. Ana ɗura masa na shanu, yana dawo da rabi.

Gwaggo ta ce wannan ba na saiwa ba ne, ba na rubutu ba. Ɗacin gida ne, sai an je Kano an taka ƙasa da wanda ya jawo shi. Murja tana jego, ba ta fita. Ni ne babba. Shi ke nan.

Ni dai aiko ni aka yi. Ba ni da komai a raina game da mutumin.

Asabar, 25 ga Rabi'u Sani

Garin nan lungu ya shige lungu. Na fita masallaci, dawowa ta gagare ni sai da tambaya.

Garba ya kai ni jikin ganuwa ta ciki, su a nan badala suke ce mata. Ya ce in ɗora kunne. Ƙasar da zafi, amma can ciki akwai wani abu kamar mutane suna hira a bayan ɗaki, ba ka kama maganar, sai dai ka san magana ce. Na ja da baya. Ya ce ai yawancin tubalan nan ba magina suka yi su ba. In abu ya shiga tsakanin mutum biyu, sai su zo su taka ƙasa tare, ɗacin ya sauka ta tafin ƙafa ya shige kwaɓin, a dunƙula tubali. In ya bushe bai tsage ba a sa shi a ganuwa, an rabu da abin ke nan. In ya tsage, da sauran magana.

Na ce malamai ba sa hanawa? Ya ce ba sa yabawa ba sa hanawa, amma in na zo da tsakar rana sanda kowa ya shige inuwa zan ga rawani a rataye a reshen durumi, mai shi yana cikin rami ya naɗe wando.

Wai tun zuwan Nasara ba a ƙara kiran gayyar gyaran ganuwa ba. Bara wani gefe ya zube da damina, washegari wasu tsofaffi biyu a Shahuci, aminai tun suna samari, suka tashi ba sa gaisawa. Tubalinsu ne ya narke.

Ban san ko in yarda ba. Amma na ga fuskar Gwaggo sanda ta tofar.

Lahadi, 26 ga Rabi'u Sani

Na gan shi. A bakin wata rijiya a Madabo, yana cika tulu. Jibril mai ruwa suke ce masa. Ya ranƙwafa, wuyan nan duk jijiya. Ni a kaina dogo ne, ashe na fi shi tsawo yanzu.

Ya ɗago ya gan ni, ya gane ni, na san ya gane ni don gugan ya suɓuce masa. Sai ya juyar da fuska bango. Ya ce da Garba a tambayi baƙon ko ya sha ruwa. Na ce da Garba ya gaya masa abin da ya kawo ni. Haka muka yi ta yi, ga ni ga shi, Garba a tsakiya yana juya kai kamar mai kallon dambe. Ya tambayi Murja, da sunanta. Ya tambayi sunan yaron. Zancen rasuwar Inna ashe ya riga ya ji, ya daɗe da ji. Ya ce duk ranar da aka sa zai zo.

Ban ji komai ba. Tuwon ne dai ban ci ba, zafi ya yi yawa.

Litinin, 27 ga Rabi'u Sani

Mai ramin da ake taka ƙasar tsohuwa ce, 'Yardada. Ƙarama, baki ja da goro, ƙafafunta sun faskare kamar gindin kududdufi da rani. Ramin yana kusa da ƙofar da na shigo, ƙarƙashin durumi. Ta dube ni sama da ƙasa ta ce wane ne ya cuce ni. Na ce ba ni ba ne, ƙanwata ce. Ta ce to, kowa haka yake cewa.

Ga yadda ake yi, kada in manta. Wanda aka yi wa laifi shi zai kawo busasshiyar ciyawa. Mai laifi ya kawo ruwa, da kansa zai ɗauko. Ƙasa ta rami ce. A shiga ba takalmi. Ni in faɗi abin da aka yi min, shi kuma ya kira sunana ya ce ya yi. Ita ta ɗanɗana kwaɓin, in ɗacin ya sauka ta sani.

Ta nuna min gabas da haɓa. Ta ce in damina ta kankama tubali ba ya bushewa, sai baɗi.

Yaron nan ba zai kai baɗi a kan nonon shanu ba.

Laraba, 29 ga Rabi'u Sani

Mun taka. Ya zo da tulunsa tun hantsi, na zo da ciyawata. Muka shiga rami, ya juya min baya, na juya masa baya, kowa yana taka gefensa. 'Yardada ta ce ita tunda take ba ta taɓa ganin masu yafiya ƙeya da ƙeya ba sai yau, ko jakuna aka ɗaure mata? Ta juyo da mu. Shi ya kalli ƙasa, ni na kalli durumi.

Ta ce in faɗa. Na ce ya tafi ya bar ƙanwata tana ƙarama. Ta ce da shi to. Ya ce, "Na yi." Ta ce sunan fa? Sai ƙarar ƙafa a cikin laka.

Ta lakato da ɗan yatsa ta sa a baki, ta ce salam, ko jariri ya ci wannan. Amma ta dunƙula, wai don mu gani da idonmu.

Juma'a, 2 ga Jimada Awwal

Ya tsage.

Asabar, 3 ga Jimada Awwal

Na fara bin Garba dako, don ba zan zauna ina cin tuwonsa ba. Fatun dabbobi muka ɗauka zuwa wajen gari, inda jirgin ƙasan nan yake tsayawa. Na gan shi. Baƙi, yana huci, mutane sun yi cirko-cirko. Garba yana ta nuna min wannan da wancan, ni wari kawai nake ji a kaina, warin fata. A gida da warhaka ina ƙarƙashin gawo, shanu suna tuƙa.

Ko wa yake kai su rafi yanzu.

Litinin, 5 ga Jimada Awwal

Audu mai jakai ya shigo da dawa. Ya ce yaron ya rame, wuyansa ba ya tsayawa. Wata maƙwabciya tana ɗan ba shi nata, amma tagwaye gare ta, ba ya isa. Gwaggo ta ce a tambaye ni kallon birni na zo ko aiki.

Na ce ya ce mata ana kai.

Laraba, 7 ga Jimada Awwal

Mun sake shiga. Yau na yi niyya, tun a hanya nake tsara maganar. Na ce ya tafi da babban sanmu ya sayar ya yi guzuri. Na ce Inna ta yi ta dakau a gidajen mutane har ƙirjinta ya kama. Na ce sanda ta rasu ni na riƙe ƙafafunta aka sa ta a rami, ko gemu ban fara ba. Ina faɗa ina takawa, na ji ƙasar ta ɗan yi ɗumi a tsakanin yatsuna. Gaskiya ne ashe, tana ɗumi.

Ya ce, "Na yi. Duk na yi."

'Yardada ta ce, "Malam Jibril, sunan nan garwashi ne a bakinka?"

Ya ce, "Ɗan fari ne, Iya."

Ta ce a raminta babu ɗan fari babu ɗan auta, mai laifi ne da wanda aka yi wa. Ta ce har masu sarauta sun shigo nan sun kira sunan bayinsu. Ta ɗanɗana, ta ce akwai ɗan ɗaci amma ganye ne, ba a taɓo saiwa ba. Ni ta harara da ta faɗi haka, ba shi ba.

Na sani. Wa bai sani ba? A wajenmu uba ba ya kiran sunan ɗansa na fari, ba ya kallonsa ido da ido, ba ya cin abinci da shi. Kunya ce, haka aka tarar. Tunda aka haife ni ban taɓa jin sunana a bakinsa ba, sai "kai", sai "wancan". Ban taɓa damuwa ba. Amma yanzu rai ne a tsakani, shi kuma yana kunya. Da zai tafi ina kunyar take?

Lahadi, 11 ga Jimada Awwal

Wannan tubalin rabewa biyu ya yi. 'Yardada ta tura shi rami da ƙafa.

Litinin, 12 ga Jimada Awwal

Kafaɗata ta saɓule. Ban je ko'ina ba. Ina ma ni ne ƙarami.

Talata, 13 ga Jimada Awwal

Ta aiko a kira ni, ni kaɗai. Na tarar da ita tana sara ciyawa a kan kututture, ta miƙo min addar ta ce in karɓe ta, hannunta ya gaji. Ina sara tana cin goro. Can sai ta ce in ba ta labarin safiyar da ya tafi. Na ce na riga na faɗa. Ta ce na faɗi na Murja, na faɗi na san da ya sayar, na faɗi na Inna. Safiyar take so.

Ban san ina riƙe da ita haka ba. Rana ba ta fito sosai ba. An tatsi shanu, ni ina riƙe da igiyar maraƙi a bakin garke. Ya fito da buta da sanda, san a gaba. Ya tsaya ya yi wa Inna magana a hankali. Ya ɗauki Murja ya ɗaga ta sama, ya ce Murjanatu, Murjanatu, tana dariya. Ya ajiye ta. Ya bi ta gabana. Akwai wata farar saniya da yake so, ya tsaya ya shafa wuyanta, ya kira ta da sunanta. Ni ina nan, rigarsa har ta goge min hannu. Ya wuce.

Na tsaya da igiyar har rana ta yi zafi, ina cewa zai waiwayo.

Da na kai nan sai na ga na sare ciyawar ta koma gari. 'Yardada ta karɓe addar ta ce ya isa, kada in sare mata kututture. Ta ce wannan zan faɗa a rami, ba wani ba. Na ce ai wannan ba laifi ba ne, al'ada ce, kowane ɗan fari haka ake masa. Ta ce ita ba alƙali ba ce, ba ta san laifi ba, ɗaci ta sani.

Na ce to me ya haɗa wannan da nonon Murja? Ta ce gida ɗaya tukunya ɗaya ce, ni na daɗe ina zuba abin, Murja ce dai ta ɗebo.

Ban ji daɗin maganar nan ba.

Alhamis, 15 ga Jimada Awwal

Gabas ta yi duhu da yamma, iska ta taso ta kwanta. Bai zubo ba.

Audu ya ce yaron ya daina kuka. Na ce alhamdu lillahi. Ya dube ni ya ce ba irin wannan dainawar ba.

Juma'a, 16 ga Jimada Awwal

Bayan an sauko daga masallaci na je rijiya ni kaɗai, ba Garba. Na tsaya a kansa na yi magana, ban taɓa yi ba. Na ce jikansa yana mutuwa a kan suna. Suna kawai, abin da mai goro yake kira, abin da jaki ma in an koya masa zai gane. Na ce wasu abubuwan da ba zan rubuta ba.

Bai ɗago ba. Igiyar guga yake ta naɗewa a hannu yana warwarewa. Da ya yi magana, da tulun ya yi ta. Ya ce shi bai kai ko'ina ba, ciwo ya kayar da shi a hanya, ayari ya wuce, kuɗin san ya ƙare a bakin masu magani. Ya ce ya juyo har ya hango kukokin garinmu, ƙafarsa ta ƙi. Sai ya yi nan.

Na ce ba wannan na tambaya ba. Na tafi.

Asabar, 17 ga Jimada Awwal

Maɗaurin takalmina ya tsinke, Garba ya kai ni wajen wani baduku a bayan rijiyar. Mai ƙiba, mai surutu. Ya tambayi sunana, na ce Musbahu. Ya ajiye basilla ya ce ashe takwara ne, shi ma Musbahu, to yau ɗinki kyauta.

Da Garba ya ce masa ni ɗan Jibril mai ruwa ne, sai ya kalle ni ya fashe da dariya har yana dukan cinya. Ya ce yau aka warware masa abin da ya dame shi shekara da shekaru. Wai tsohon nan kullum shi yake kawo masa ruwan jiƙa fata, amma bai taɓa kiran sunansa ba ko sau ɗaya. Sai "mai fata", sai "maigidan nan". Kowa a unguwa yana kiransa da suna, ban da shi. Ya ɗauka raini ne irin na Fulani. Wata rana ya riƙe tulun ya ce wallahi ba zai saki ba sai ya ce Musbahu. Tsohon ya tsaya, ya tsaya, sai ya sakar masa tulun ya yi tafiyarsa. Kwana da kwanaki bai sayar da ruwa ba, sai da badukun ya aika masa da tulun har gida da ban haƙuri.

Garba yana dariya, ni ma na ɗan yi.

A nan garin ba wanda ya san yana da ɗa. Ba wanda zai ce ya yi rashin kunya. Wa yake yi wa kunyar?

Takalmin ya ɗinku da kyau.

Litinin, 19 ga Jimada Awwal

Tsohon ya aiko Garba. A gaya wa mutumin nan gobe zai faɗa.

Da azahar ina dawowa da kaya na hango shi ƙarƙashin durumi shi kaɗai, ya fuskanci ganuwa, bakinsa yana motsi. Ba carbi a hannunsa. Na sauya hanya.

Talata, 20 ga Jimada Awwal

Ban san abin da na yi ba.

Mun shiga da hantsi. Yau ba sai an juyo da mu ba. Na faɗi safiyar, duka, har saniyar, har rigar. Ƙasar ta fara zafi tun ina rabi, kafin in gama ta yi baƙi ƙirin har idon sawu, tana tafasa tana fitar da kumfa, wani wari yana tashi kamar an ƙona sabara. Ƙafata kamar ana zare min ƙaya ta tafin, doguwa, ba ta ƙarewa.

Ya ce, "Na gan ka." Da ni yake, ba da Garba ba, ba da tulu ba. "Da igiyar a hannunka. Na gan ka."

'Yardada ta ce saura sunan.

Ya buɗe baki. Gumi yana bin gemun. Ya haɗa leɓe, na ga ya haɗa, har sautin farko ya fito. Sai na ji kamar an kama wandonsa za a tuɓe shi a tsakiyar kasuwa ni kuma ina tsaye ina kallo. Mutumin da ba shi da sa, ba shi da mata, ba shi da gida, abu ɗaya ya rage masa da yake nuna shi uban wani ne.

Na ce, "Iya, ƙasar ta yi tauri, a ƙaro ruwa."

Ta ce in rufe mata baki.

Na ce, "Na bar masa. Kada ya faɗa."

Ta miƙe tsaye. Ta ce ni na shimfiɗa ƙa'idar? Ta ce kakarta a haka ta samu ramin nan, ba a taɓa sa tubalin da ba suna a ganuwa ba. Ta ce, "Jinjirin fa, ɗan nan? Da ransa kake kara?"

Shi ya sake buɗe baki zai ƙarasa, na ɗaga murya na ce ba na so, in ya faɗa fita zan yi. Ya rufe. Muka tsaya cikin laka mu biyu kamar shanun da suka maƙale.

Ta ce Fulani sun ishe ta, Allah ya haɗa ta da Maguzawa masu zage-zage a gama a tashi. Ta lakato ta sa a harshe. Ta tofar, ta sake tofarwa, ta ce a ba ta ruwa, idonta har ya kawo. Ta dunƙula tubalin ta ajiye shi a rana. Sannan ta ce in ya tsage kada in zo mata da kuka, kuma ba sauran lokacin wani.

Laraba, 21 ga Jimada Awwal

Me ya kai ni? Kalma ɗaya ce, da yanzu an gama. In yaron nan ya tafi da wane ido zan kalli Murja. In ce mata me, na ji kunya?

Na je na duba. Da danshi tukuna.

Alhamis, 22 ga Jimada Awwal

Ban je dako ba. Ina gefen tubalin. Shi ma ya zo, ya zauna can nesa. 'Yardada ta ce kallo ba ya busar da ƙasa.

Juma'a, 23 ga Jimada Awwal

Hadari ya haɗo bayan la'asar, ina kasuwa da kayan mutane a ka. Na sauke su a rumfar wani ban ko san shi ba na sheƙa wajen tubalin. Kafin in kai iska ta fara ɗaga ƙasa, manyan ɗigo suna faɗowa ɗai-ɗai. Ba a ɗaga tubalin yafiya daga inda aka ajiye shi sai ya bushe, ta gaya mana tun farko.

Na tarar tsohon ya riga ni. Ya tuɓe riga ya lulluɓa, ya durƙusa a kai da hannu da gwiwa, ruwa yana dukan gadon bayansa. Duk haƙarƙarinsa a waje. Ta gefen da iska take kaɗowa ruwan yana shiga, sai na durƙusa ta nan na tare. Kanmu yana gugar juna. 

Bai daɗe ba ya ɗauke. Muka ɗaga rigar. Gefe ɗaya ya ɗan jiƙe, bai narke ba.

Yana ta rawar sanyi. Na ce da wata mai koko da ta fake a ƙofar ta ba tsohon nan mai zafi. Mai kayan da na yasar ya zage ni da uwa da uba, na tsaya ya gama.

Lahadi, 25 ga Jimada Awwal

Ya bushe. Akwai wani siririn layi a gefe, kamar gashi. 'Yardada ta ɗaga, ta juya, ta ƙwanƙwasa da ɗan yatsa ta kai kunne, ta sake ƙwanƙwasawa. Ta daɗe. Ta ce ita ba ta taɓa ganin irin wannan ba, ba tsagagge ba ne ba kuma lafiyayye ba. Na ce to yaya? Ta ce a sa, ganuwar ma duk rami ce yanzu, ba ta da zaɓi.

Mu biyu muka ɗauka, wai haka ake yi. Nauyinsa ya fi girmansa nesa ba kusa ba. Muka cusa shi a wani gurbi, ta yaɓe.

Da na dawo na ci tuwo har na nemi ƙari. Garba ya ce ashe ina da baki.

Alhamis, 29 ga Jimada Awwal

Audu shiru. Kullum ina bakin ƙofa ina duba jakai.

Litinin, 3 ga Jimada Sani

Ya zo. Tun daga nesa na so in karanta fuskarsa, shi kuma yana ta faɗa da jaki. Sai da ya sauke buhu ya sha ruwa sannan ya ce yaron yana nan. Ranar Lahadin can da rana nonon dama ya saki, yaron ya kama ya sha har barci ya ɗauke shi da shi a baki. Na hagu har yanzu da ɗaci-ɗaci, ba ya karɓa. Amma ɗayan yana isarsa, wuyan ya fara tsayawa.

Na zauna a ƙasa a bakin ƙofar, mutane suna kewaye ni.

Na je na gaya wa 'Yardada. Ta ce na hagun na Murja ne, nata na kanta, ba wanda zai taka mata. In ta ga dama ta zo da rani, in ba ta ga dama ba yaro ya girma da nono ɗaya, ba shi ne farau ba.

Gwaggo ta ce in taho, an fara shuka, shanu ba mai bi. Murja ba ta aiko da komai ba sai tambaya ɗaya, wai ya tsufa? Na ce da Audu ya ce mata e. Na ce ya yi gaba, zan biyo shi in ya sake zuwa.

Ba wani abu ba ne. Ɗakin da Baba yake kwana azara ɗaya ta ruɓe, ruwan shekaranjiya a kansa ya ƙare, kuma tun ranar hadarin nan yake tari. In na gyara sai in tafi.

Da yamma mun je ni da Garba duba azarar. Ya shimfiɗa mana tabarma, ita ke nan gare shi, shi ma ya zauna a bakinta. Ya ce da Garba a gaya wa mutumin nan kada ya hau rufin da sassafe, da santsi. Na ce da Garba ya ce masa na ji. Garba ya ce shi ya gaji da kai saƙo tsakanin mutanen da gwiwarsu take taɓa juna, ya ɗauki hularsa ya fita.

Mun daɗe a zaune. Ba wanda ya tashi.